Allah Ya Isan da Baba Ya Kasa Janyewa

Mahaifina bai taɓa riƙe waya tasa ta kansa ba har ya koma ga Allah, amma muryarsa ta shiga aljihun mutanen da ko sunan ƙauyenmu ba su taɓa ji ba. Ina so in rubuta yadda abin ya faru tun da sauran waɗanda suka san shi kafin a mayar da shi abin dariya.

Ƙauyenmu yana tsakanin Gezawa da Zakirai, irin ƙauyukan nan da gona take farawa tun daga bakin ƙofa, ba ka sanin inda wani gari ya ƙare wani ya soma sai an nuna maka bishiyar da ke kan iyaka. Ƙasar ba ta hutawa tun zamanin kakanni, don haka wanda bai kai wa gonarsa taki da rani ba ya riga ya san abin da zai girbe. Masu hali sun koma hayar tifa tana juye musu sharar birni. Baba kuwa ya ce ba zai ci tuwon da ya tsiro a cikin leda da mataccen batir ba. Kashin awakinmu da tokar murhun Inna yake tarawa, ya loda a mangala, ya kora jakinsa ta burtali, ya tsallaka kwalta zuwa gonarmu ta gabas. Haka na taso na gan shi, haka kuma ya tsufa yana yi.

Ni ce babbar 'yarsa. A Gezawa nake aure, ina koyarwa a wata firamare. Ban ɗauko haƙurin Baba ba, zafin Inna na kwaso, kuma ban taɓa ɓoye hakan ba. Ɗana na fari, wanda a lokacin ya gama sakandare yana jiran makarantar gaba, shi ne abokin faɗan Baba. Inna tana kiransa maigidanta, Baba yana kiransa ɓarawon matarsa, shi kuma ya sace wa tsohon hula ya ɓoye a rumbu sai an ba shi gyaɗa. Wasan kaka da jika ne da kowa ya sani, sai dai nasu ya fi na kowa zafi da daɗi.

Abin ya faru da bazara, ana ta kai taki kafin ruwan farko. Ban gani da idona ba, a waya na gani kamar yadda kowa ya gani. Baba ya iso bakin kwalta da hantsi, sai ga samari uku a kan babur, duk sun rufe fuska da takunkumi da baƙin gilashi. Ɗaya ya sauko ya durƙusa har ƙasa ya gaishe shi, ya ce su baƙi ne, hanyar Zakirai suke nema. Wanda ya san Baba ya san ba zai nuna wa baƙo hanya da baki kawai ba. Ya saki jakin, ya juya masa baya, ya ɗaga sanda yana kwatance, har yana gaya musu inda kwalta ta fashe don su yi hankali. Yana cikin haka na biyun ya zagaya ya kunna abin fashewar nan na yara a ƙarƙashin cikin jakin.

Jakin ya zabura, mangala ta kife a kan Baba. Ya tashi da taki har gemu, ya bi dabbarsa da gudu irin na tsoho, mazagin wandonsa ya kwance, wandon ya harɗe shi ya faɗi. Na ukun, mai riƙe da wayar, ba a ganinsa, dariyarsa kawai ake ji. Baba ya yunƙura ya tsaya a kan gwiwoyinsa, hannu ɗaya riƙe da wando, ɗaya a sama, ya ce, "Allah ya isa tsakanina da ku." Muryar ta karye a tsakiya, ta yi siriri. Wannan karyewar ce mutane suka fi so.

Da ya koma gida cewa ya yi da Inna jaki ne ya firgita. Ta wanke masa gwiwa da ruwan ɗumi, ta yi ta yi masa faɗan ya tsufa ya ƙi yarda. Bai ma san an ɗauke shi ba. Ya ga waya a hannun yaron, amma a saninsa waya abar kira ce.

Bayan 'yan kwanaki ɗana ya same ni ina tsintar shinkafa, ya miƙo min wayarsa. Na kalla har ƙarshe, na sake kalla, don zuciyata ta ƙi yarda. Shafin da ya saka bidiyon ba shi da sunan mutum, hoton kura ce mai dariya a wurin fuska. Cike yake da irin wannan aika-aika: mai rake, mai shayi, wani makaho da aka canja wa hanya. A ƙarƙashin kowane bidiyo mutane sun yi layi suna sharhi, su ma da sunayen aro, wannan sarkin kaza, waccan gimbiyar kaza, hoton fure ko na mota a maimakon fuska. Wata ta rubuta cewa tsohon nan ya gyara mata ranarta. Wani ya ce a ƙara masa wani, amma wannan karon a bari wandon ya sauka gaba ɗaya. Na ajiye farantin shinkafar na yi kuka irin wanda ban yi ba tun ina yarinya.

Ɗana ya rantse sai ya nemo su. Ya bi masu acaɓa, ya bi masu shagon caji, ya bi majalisun samari. Wani ya ce 'yan birni ne, wani ya ce 'yan Gezawa ne, wani ma ya ce ai daga ƙauyenmu suke. Babur ɗin ba shi da lamba. Ya dawo da ƙafa a kumbure da ido jajur, bai samo ko ƙyallinsu ba.

Ni na gaya wa Baba, don na fi son ya ji daga bakina. Muna zaune a gindin darbejiyar ƙofar gida. Ya ce in nuna masa. Ya riƙe wayar nesa da fuskarsa, ya kalli kansa yana gudu, yana faɗuwa. Da bidiyon ya ƙare ya ce, "Ashe haka na tsufa." Ya miƙo min wayar ya ce, "'Ya'yan wane gida ne?"

Na ce, "Ba a sani ba, Baba."

"To su waye iyayensu?"

"Ba wanda ya sani."

Ya sosa gemu, can sai fuskarsa ta saki. Ya ce, "Zage-zagi ne. Ba mai yi wa Bakano haka sai Bazazzagi."

A duniyar da Baba ya sani, ba a yi wa dattijo wulaƙanci haka kawai. In ka ga an cire wa tsoho hula a kasuwa ana dariya, to akwai igiyar da ta ɗaure su: ko jikansa ne, ko taubashinsa, ko mutumin Zazzau ya gamu da mutumin Kano. Wasan yana da masu shi, kuma kowa ya san wa ya halatta ya taɓa wa. Shi ya sa ya ɗauka cewa duk wanda ya yi masa haka tabbas yana da haƙƙin yi, sai dai ya wuce gona da iri saboda ƙuruciya. Har dariya ya yi ranar, ya ce bari su dawo su ga yadda Bakano yake ramuwa. Ni dai na haɗiye abin da ke bakina, don ban ga amfanin ƙwace masa wannan ɗan sanyin ba.

Shi da kansa ya gano. Wata rana yana gyaran mangala ya ce da Inna, ba tare da an tambaye shi ba, "Ba Zage-zagi ba ne. Bazazzagi in ya tsokane ka tsayawa yake yi ka rama. Ai daɗin abin ke nan."

Baba yana da taubashi, ɗan ƙanwar mahaifinsa, wani tsoho mai sayar da igiya a kasuwar Gezawa. Tun suna yara ba su taɓa gaisawa da mutunci ba. In sun haɗu, wannan ya ce wa wancan bawansa ne, wancan ya ce ai shi ya saye shi da jaki ɗaya aka ba shi canji, su yi ta yi har mutane su taru. Da labarin bidiyon ya kai masa, sai ya zo gida. Ya yi sallama, ya cire takalmi, ya zauna a gefen tabarma, ya ce, "Malam, ya muka ji da wannan abu? Allah ya ba da haƙuri." Baba ya zuba masa ido yana jiran zagin da ya saba. Bai zo ba. Tsohon ya ji tausayinsa ne, ya ga an yi masa dariyar da ta isa, bai kamata ya ƙara tasa ba. Da ya tafi Baba ya ce, "Har wannan ma sun ƙwace min shi." Ban taɓa ganin ransa ya ɓaci irin na ranar ba, ko ranar da ya kalli bidiyon.

Ana cikin haka muryar ta rabu da bidiyon ta kama yawonta. Aka yanke kalmomin nan aka ɗora a kan komai. Mage ta saci nama, sai ka ji Baba yana Allah ya isa. Ƙungiyar ƙwallo ta sha kashi, sai ka ji Baba. Aka mayar da fuskarsa sitika, hannu a sama, taki a gemu, ana turawa a zaurukan hira na waya in an rasa abin cewa. Na je wani biki, mai kiɗan na'ura ya saka ta a tsakiyar waƙa, mata suka ɗaga hannu ɗaya suna rawa, ɗayan riƙe da zani. A ajina, in wani ya ɗauke wa wani fensir, sai ka ji yaro ya karya murya daidai inda ta Baba ta karye. Yara ne ƙanana, ba su san cewa mahaifina ne ba, ba su ma san akwai mutum a bayan muryar ba. Wani abokin aikina, mutum mai iyali, mai jan salla in liman bai zo ba, ya ce min, "Malama, ai ki gode wa Allah, babanki ya zama tauraro. Wasa ne fa kawai." Na wanke shi tas a gaban kowa, ta inda na shiga ba ta nan na fita ba. Aka ce Malama ba ta san wasa ba.

Duk wannan mun ɓoye wa Baba, har ranar da rediyonsa ta tona. Yana da 'yar rediyo da yake ratayawa a reshen darbejiya bayan azahar. Wani mai shirin barkwanci ya karanta labarin wani da aka cuta a ciniki, ya rufe da muryar Baba, shi da abokin shirinsa suka tuntsire da dariya. Inna ta ce Baba ya miƙe tsaye yana waige-waige, kamar wanda aka kira sunansa a maƙabarta. Ya aika aka kira ni.

Ya ce, "Ni sau ɗaya na faɗi maganar nan. Abin nan sau nawa yake faɗa?"

Na ce, "Ba ya ƙirguwa, Baba. Duk wanda ya taɓa, sai ya faɗa."

"Ko ina barci?"

"Ko kana barci."

Ya koma ya zauna. Ya ce, "To bakina ke nan yake ta kai ƙarar 'ya'yan mutane wurin Allah, ni ina nan zaune."

Sai a lokacin na gane abin da yake cin sa, kuma ba shi ne abin da yake ci na ba. Ni wandon nake gani, da takin, da dariyar. Shi maganar yake ji. A gidanmu ba a faɗin Allah ya isa. Baba ya sha gaya mana cewa wanda ya faɗe ta ya ɗauki shari'a ya kai inda ba a mantuwa, kuma in ta faɗa kan yaro ba shi kaɗai take samu ba, har uwar da ta haife shi sai ta ɗanɗana. Ya faɗe ta cikin zafin rai, ya yi nadama tun kafin ya iso gida, ya yi istigfari, ya ɗauka ta wuce. Yanzu ga shi an ce tana nan tana fita daga bakinsa safe da yamma.

Ya je wurin limamin ƙauyenmu. Liman ya ce masa ai yafiya a zuci take, tunda ya yafe shi ke nan, abin da na'ura take maimaitawa ba ya kansa. Baba ya yi godiya ya taso, amma bai gamsu ba. Ya ce da ni, "Malam ya yi gaskiya a karatunsa. Amma ni da baki na faɗa, a kunnensu. Da baki zan janye, su ji."

Ya ce in rubuta musu a wayar. Na rubuta a ƙarƙashin bidiyon cewa ni 'yarsa ce, mahaifina ya ce ya yafe wa waɗanda suka yi masa haka duniya da lahira, yana roƙon su sauke bidiyon. Na rubuta ne ina cije haƙora, don ni ban yafe ba. Masu shafin ba su tanka ba. Sauran ne suka amsa. Wani ya ce ƙarya nake, suna nake nema. Wani ya ce in turo lambata. Wata ta ce in gaishe da jakin. Aka jera min fuskokin nan masu dariya da hawaye har sai da na daina dubawa. Da Baba ya tambaye ni me suka ce, na ce ba su amsa ba tukuna, kuma ban yi ƙarya ba.

Sai ɗana ya kawo shawara a ɗauki Baba da kansa yana magana. Inna ta wanke masa farar rigarsa ta Juma'a, ya ɗaura rawani, ya zauna a kan buzu. Ya tambaya ina zai kalla, aka nuna masa ɗan ramin kyamarar wayar. Ya yi sallama kamar yana gaban mutane, ya ce, "'Ya'yana, ni ne tsohon nan mai jaki. Maganar da na faɗa muku na janye ta. Ba komai tsakanina da ku sai alheri. Allah ya shirye ku, ya yi muku albarka, ya sa ku ga tsufa." Ɗana yana ɗauka yana share hawaye da kafaɗa. Muka saka. Waɗanda suka kalla ba su fi danginmu da 'yan maƙwabta ba. Ba a yi mako ba wani, shi ma marar suna, ya yanko inda Baba ya ce su ga tsufa, ya manna da inda yake faɗuwa riƙe da wando. Wannan kam ya yi yawo.

Ban gaya masa ba, amma ya gane daga shiruna. Daga nan ya yanke tasa shawarar. Jakin dama ya lalace, ko ƙarar babur ya ji daga nesa sai ya nemi karya igiya, don haka ƙannena suka karɓi kai takin. Baba ya samu lokaci. Kowace ranar kasuwa sai ya ɗauki sandarsa ya tafi bakin kwalta, daidai inda abin ya faru, ya zauna a inuwar wata ɗorawa. Duk saurayin da ya rage gudu a kan babur sai ya ɗaga masa hannu. In ya tsaya, Baba ya gaishe shi, ya tambayi mutan gida, sannan ya ce, "Yaro, in kana cikin waɗanda suka tsorata min jaki, na yafe maka. In ba ka ciki, ka yi haƙuri na tsayar da kai." Lissafinsa shi ne, wanda ya bi hanya sau ɗaya zai sake bi, kuma in ya yafe wa kowa ɗaya bayan ɗaya, dole wata rana ya faɗa a kunnen masu ita.

Na je na same shi a can, rana tana dukan ƙeya. Na durƙusa na ce, "Baba, don Allah ka taso mu tafi gida. Mutane sun fara cewa ka taɓu."

Ya ce, "Su faɗa. Ke kin san ban taɓu ba."

"Waɗannan yaran ba su damu ba, Baba. Ko a jikinsu."

"Ai ba don sun damu nake yi ba. In ciwo ya kama ɗayansu gobe, ko mota ta buge shi, uwarsa ta zauna tana kuka, ke za ki iya rantsewa ba bakina ba ne?"

Haushi ya cika ni har wuya, na yaran, da na Baba kansa, da ya ɗauki nauyin mutanen da suka mayar da shi abin wasa ya ɗora a kansa. Na zauna kusa da shi har la'asar. Samari da yawa sun tsaya. Wasu suka sunkuyar da kai suka ce Allah ya ƙara girma. Wasu suka gane shi, suka danne dariya har suka bar wurin. Ɗaya ya ce, "Baba, don Allah ɗan maimaita mana irin ta rannan," yana zaro waya. Na tashi da dutse a hannuna, Baba ya riƙe min zani. Duk da haka sai da aka samu wanda ya ɗauke shi daga nesa, aka saka da rubutun cewa tsohon Allah ya isa ya buɗe ofis.

Ruwan sama ne ya tashe shi daga wurin, ba mu ba. Ya jiƙe wata ranar kasuwa, ƙirji ya kama shi, ya kwanta. Gero yana fitar da kai yana kwance, aka yi girbi yana kwance. Ɗana ya tare a gidan, shi yake juya shi, shi yake kai shi bayan gida a kafaɗa. Taubashin Baba ya zo dubiya, ya ga yadda ya rame, ya daure ya ce, "Kai bawana, tashi ka daina lalaci." Baba ya yi murmushi ya motsa baki zai rama, numfashi bai kai ba.

Ranar da zai rasu, da safe, ina ba shi kunu a cokali ya kama hannuna ya ce, "Kina ganin sun ji?"

Na so in ce sun ji. Kalma biyu ce, da ta sauƙaƙa masa tafiya. Amma Baba bai taɓa yi min ƙarya ba, kuma idonsa yana cikin nawa. Na ce, "Ban sani ba, Baba. Allah dai ya ji."

Ya ce, "Haka ne." Ya saki hannuna, bai ƙara shan kunun ba.

An yi masa jana'iza da mutane masu yawa. A kwanakin zaman makoki ina jin samari suna shigowa zaure rukuni-rukuni suna ta'aziyya, ina leƙensu ta jikin zana, ina duban hannayensu da tsayinsu. Kowanne zai iya zama shi, ba kuma wanda zan iya nunawa. Har yau in saurayi ya durƙusa ya gaishe ni da ladabi sai gabana ya faɗi, don da irin wannan durƙuson aka fara. Wannan ma wani abu ne da suka ɗauke min, kuma ban san wa zan tambaya ya dawo min da shi ba. Muryar Baba kuwa ta ragu a wayoyi, ba don an ji ya rasu ba, sai don an samu sababbi.

Bayan rasuwar da wasu watanni, wata yamma ina shanya a tsakar gida, na ji dariya daga zaure. Ɗana ne da abokansa. Na ji daɗi, don tun rasuwar kakansa ban ji ya yi dariya da dukan cikinsa ba. Na ɗauki ruwa na kai musu. Sun haɗa kai a kan waya ɗaya, ba su ma ji sallamata ba. Na leƙa. Wata tsohuwa ce mai ƙosai a bakin hanya, wani mai takunkumi ya jefa mata macijin roba a cinya, ta zabura ta ture tiren, tana salati tana neman ɗankwalinta.

Na kira sunan ɗana. Ya ɗago, dariyar tana nan a fuskarsa, ya ga idona. Bai ɓoye wayar ba, bai ji kunya ba. Da zuciya ɗaya ya yi magana, yana so ya kwantar min da hankali. Ya ce, "Umma, ba na Kaka ba ne. Wata ce daban, ba mu san ta ba."

Na tsaya da kwanon ruwan a hannuna. A cikin wayar tsohuwar ta durƙusa tana tsintar ƙosanta daga ƙasa, tana hurewa tana mayarwa a tire, tana waigawa ko akwai wanda zai taya ta.